Sikon, abin gashin da ba ya son murza

Masu karatu, darasinmu na yau na madafa ne. Za mu koyi yin wani abin gashi da ake kira sikon. Asalinsa ƙasar Sikotlan ne, arewa da Ingila. Mutanen can sukan ci shi da shayi da la'asar. Su raba shi biyu, su shafa man shanu. Ba burodi ba ne, ba kuma gato ba. Bayansa da ɗan ƙarfi, cikinsa da taushi.

Kayansa ba su da yawa: hulawa rabin kilo, wato giram 500, man shanu ko margarin giram 100, madara ko nono rubu'in litir, gishiri kaɗan, da lebur na gato ƙunshi guda mai giram 11. Ku lura nan, lebur iri biyu ne. Na burodi sai an jira ƙullu ya tashi. Na gato ba ya son jira, da ya ji ruwa ya soma aiki. Shi za ku tambaya a kanti.

In mai zaƙi kuke so, ku tanadi sukari babban cokali 3 da busasshen inabi giram 100. Inabi da tsada. Ni dabino nake sawa, in cire ƙwallon, in yanka ƙanana, kuma a bakina ya fi daɗi. In na ganye kuke so, ku bar sukari. Ku yanka lawashi ko na'a-na'a siri-siri, kamar cikin hannu guda.

Ku tankaɗe hulawa da lebur da gishiri cikin kwano. Ku sa man, ku marmashe shi da kan yatsu har garin ya yi kama da tsaki. Man ya zamo daskararre. In ya narke ya yi ruwa, sikon ba zai tashi da kyau ba. Saboda haka lokacin zafi ku yi aikin da sassafe, man kuwa ya kwana cikin gwangwani a rufe, a gindin randa. Lokacin ɗari babu wannan wahala.

Sai ku zuba sukari da dabino, ko ganyen. Ku yi rami a tsakiya, ku zuba madara kaɗan-kaɗan, kuna juyawa da cokali. Da gari ya haɗu, ku tsaya.

Ku tsaya, na ce! Nan ne mutane suke ɓata kayansu. Hannunmu ya saba da tuƙi da murza, ba ya son barin ƙullu da ƙuraje. Ranar da na fara yi, na murza shi sosai kamar mai burodi, har ya yi sumul, ina murna. Da na sauke, sai ga su kamar hoge. Yara suka gatsa, suka ajiye. Rabin kilo na hulawa da man duka suka tafi a banza, kuma kun san kuɗɗinsu.

Ga dalili. Garin alkama shina da wani danƙo. In ya jiƙe aka yi ta murza shi, danƙon sai ya ƙara ƙarfi. Mai burodi wannan danƙo yake nema. Mu ba mu son shi, don shina ɗaure ƙullu, iskar da lebur ke fiddawa ta kasa ɗaga shi. Ƙullun sikon in ya yi muni a ido, daidai ne.

Ku barbaɗa gari bisa faranti, ku ɗora ƙullu, ku danna shi da tafi a hankali. Kaurinsa ya kai yatsa biyu, kada ya fi haka sirancewa. Ku kifa bakin ƙaramin kofi ku yanka. Ku danna ƙasa sak, ku ɗaga, ban da murɗawa. Murɗawa tana liƙe gefe, sai ya tashi a karkace. Ku shafa madara kaɗan a kai don ya yi ja.

Sikon wuta mai ƙarfi yake so. Mai murhun gas ko na lantarki ya sa digiri 220, minti 12 zuwa 15. Wanda ba shi da shi, ya zuba rairai mai tsabta cikin babbar tukunya, ya ɗora bisa gawayi tun kafin ya soma kwaɓi. In ta yi zafi sosai, ya jera duwatsu uku ƙanana bisa rairan, ya aza faranti, ya rufe, ya sa garwashi bisa marfi. Ban da yawan buɗewa, zafi na gudu. Bayan minti 15 ya duba. In sama ta yi ja, ya fasa guda. Ba ɗanyen ƙullu a ciki? To, ya nuna.

Ku ci shi ran nan da ɗuminsa, don in ya kwana bushewa yake. Rabin kilo na hulawa kan ba da kamar guda 12, gwargwadon bakin kofinku. To, ku ɗauki alli da allo. In kuna son guda 36 don ranar suna, kilo nawa na hulawa za ku saya, kuma ƙunshin lebur nawa?