Darasi: Lauya, Gaskiya da Kuɗin Miyagun Ƙwayoyi

Karatu: Fitowa 23:6-8, Ayyukan Manzanni 24:22-27

Tsaya wa wanda ake tuhuma a gaban alƙali ba zunubi ba ne. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya ba kowa 'yancin ɗaukar lauya, ko da hukumar NDLEA ce ta kama shi da hodar iblis. Manzo Bulus ma ya ambaci Zinas lauya cikin abokan hidima (Titus 3:13). Ɓarna tana farawa ne sa'ad da lauya ya bar kāre mutum, ya koma kāre sana'ar mutumin.

Wata shari'a da aka yi a Amurka ta nuna wannan a fili. Michael Abbell babban jami'i ne a Ma'aikatar Shari'a ta ƙasar, a sashen da ke neman a miƙo masu laifi daga ƙetare. Bayan ya bar aiki a 1984, sai ya zama lauyan shugabannin ƙungiyar Kali ta Kolombiya, masu safarar hodar iblis zuwa Amurka. A 1995 aka gurfanar da shi da waɗansu lauyoyi a birnin Mayami. Zargin shi ne suna kai wa 'yan ƙungiyar da ke tsare kuɗi domin su yi shiru, suna kuma shirya takardun rantsuwa na ƙarya don wanke iyayen gidansu. A 1998 aka same shi da laifin haɗa baki wajen halatta kuɗin haram, ya tafi kurkuku.

Dokar Musa ta haramta karɓar toshiya, gama tana rufe idon mai gani. Filikus kuwa ya bar Bulus a tsare shekara biyu, yana sa zuciya a ba shi kuɗi. Idan aka sayi shaida, mai fataucin ya koma kasuwarsa, 'ya'yan talakawa kuma su ne ke shan dafin.

Iyayen da ke burin ɗansu ya karanta aikin lauya ya kamata su koya masa tun yana ƙarami cewa akwai kuɗin da mai bi ba ya taɓawa, komai yawansa.

Tambayoyi domin iyali:
1. Mene ne bambanci tsakanin kāre mai laifi da taya shi ɓoye laifi?
2. Wa ke cutuwa idan aka sayi mai shaida?
3. Yaya ikkilisiya za ta ƙarfafa lauyoyinta su ƙi irin wannan kuɗi?