Baƙaƙen Macizai Masu Dafi a Bakin Tafkin Kainji

Baƙin launi kaɗai ba ya isa a gane maciji. A ƙasashen Yawuri, Ngaski da Shanga, wanda ya fi kusantar mutane shi ne kumurci. Tsawonsa kan kai mita 2, kuma akwai baƙar ɗamara mai faɗi a ƙarƙashin wuyansa. In ya fusata sai ya fasa kai, ya feso dafi, ido kuwa yake nema. Wanda abin ya shafa ya wanke idonsa da ruwa mai yawa nan take, sannan a kai shi asibiti.

Kumurci kan fake a suri, ramin ɓera ko gindin rumbu. Da dare yake fita neman ɓera da kwaɗo, har cikin ɗaki. Binciken da Dokta David Warrell ya yi a Zariya, wanda aka buga a 1976, ya nuna yakan sari mutane suna barci, dafinsa kuma yana ruɓar da nama.

Akwai kuma wani ɗan baƙin maciji mai sheƙi da ƙananan idanu, wanda masana ke kira Atractaspis. Cikin ƙasa yake zama, sai bayan ruwan sama yake fitowa. Ƙanƙantarsa kan yaudari yara. Kada a kama shi ko ta wuya, domin ta gefen baki yake fitar da fiƙarsa ya soki yatsa.