Bashin gida: abin da "nawa ne a wata?" ba ta faɗa maka

Na yi shekara goma sha ɗaya a teburin lamunin gidaje na wani banki a Kaduna. Kusan duk wanda ya zauna a gabana, da an gama gaisawa tambayarsa ɗaya ce: "Nawa za a riƙa cire mini a wata?" Tambayar ba ta da laifi, domin albashi wata-wata yake zuwa, kuma da shi ake cefane da kuɗin makaranta. Amma waɗanda suka taɓa tambayata jimillar abin da za su biya daga ranar sa hannu zuwa ranar da takardun gida za su dawo hannunsu, ba su cika yatsun hannu biyu ba.

Akwai wani ma'aikaci da har yau nake tuna fuskarsa. Yana matashi ya karɓi Naira miliyan 10 a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, zai biya cikin shekara 30, ana cire masa Naira 59,955 duk wata. Bayan shekara biyar ya zo ya nemi takardar abin da ya rage a kansa. Ya duba, ya sake dubawa, sannan ya turo mini ita.

"Yallaɓai, akwai kuskure a nan. Ko wata ɗaya ban taɓa tsallakewa ba. Na haɗa da kaina, na biya kusan miliyan 3.6. Yaya za a ce har yanzu ana bina miliyan 9.3?"

Na ce, "Malam, babu kuskure. Matso kusa mu lissafa tare."

Ga abin da na nuna masa. Kuɗin da ake cire maka kowane wata gida biyu ake raba shi: kuɗin ruwa da uwar kuɗi. Ruwan ake fara ɗauka, kuma a kan abin da ya rage a kanka ake lissafa shi. Kashi 6 a shekara shi ne rabin kashi ɗaya cikin 100 a wata. A watan farko ana binsa miliyan 10 cif, don haka ruwan ya kama Naira 50,000. Abin da ya saura, Naira 9,955, shi kaɗai ne ya taɓa bashin. A wata na biyu bashin ya ɗan ragu, sai ruwan ya koma Naira 49,950, abin da ya shiga uwar kuɗi ya zama Naira 10,005. Ƙarin Naira hamsin ke nan. Haka abin yake rarrafe. Cikin miliyan 3.6 da ya biya, ƙasa da Naira dubu 700 ne ya rage bashin, sauran duk ruwa ya sha. Sai a shekara ta 19 ne abin da ke shiga uwar kuɗi zai fara rinjayar abin da ruwa ke ci, kuma ba zai kai ga rabin bashin ba sai ƙarshen shekara ta 21. Ranar da ya gama, zai zama ya biya kusan Naira miliyan 21.6 a kan miliyan 10.

Ya yi shiru mai tsawo. Ba wanda ya cuce shi, duk wannan yana cikin takardun da ya sa wa hannu. Amma mu ma'aikata muna da namu kason a ruɗewarsa. Ranar sa hannu ranar murna ce, mutum ya ƙagu ya karɓi makulli, mu kuma muna da layi a ƙofa. Sai a nuna masa inda zai sa hannu, jadawalin biya mai layi 360 ya tafi da shi cikin ambulan, ba wanda ya buɗe. Tun daga ranar nan ban ƙara barin kowa ya tashi daga teburina ba sai mun karanta layin farko da na ƙarshe na jadawalin tare.

Tsawon wa'adi shi ne wurin da mutane suka fi yaudarar kansu. Da wannan bawan Allah ya ɗauki shekara 15 a kan ruwa iri ɗaya, da Naira 84,386 zai riƙa biya a wata, jimilla kusan miliyan 15.2. Sauƙin Naira dubu 24 da 'yan kai da ya samu a wata, farashinsa ya haura miliyan 6. Ban ce kowa ya ɗauki gajeren wa'adi ba. Akwai wanda wannan dubu 24 ita ce tsakaninsa da ƙarewar shinkafa kafin wata ya mutu, kuma ƙa'idar da ake bi ita ce kada biyan ya wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da mutum yake samu. Abin da nake so shi ne mutum ya zaɓa idonsa a buɗe, ya san nawa ya sayi sauƙin.

Kashi 6 ɗin nan ma ba a kasuwa ake samunsa ba. Shi ne farashin Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, wanda aka kafa a 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yake kula da shi. Ma'aikata da yawa ana cire musu kashi 2.5 cikin 100 na albashinsu zuwa wannan asusu shekara da shekaru, ba su taɓa tambayar me yake ba su damar nema ba. Wanda bai bi ta can ba, ya tafi bankin kasuwanci, a 'yan shekarun nan ruwan da zai tarar ya haura kashi 20. Mu ɗauki kashi 24 a kan miliyan 10 ɗin nan, na shekara 15. Biyan wata Naira 205,827, kuma a watan farko dubu 200 daga ciki ruwa ne. Jimilla ta wuce miliyan 37. Idan mutum ya ga nauyin ya yi yawa ya roƙi a mayar masa shekara 20, biyan wata zai koma Naira 201,741. Sauƙin da ya samu bai fi dubu huɗu da 'yan canji ba, amma jimilla ta tashi zuwa miliyan 48.4. Na sha nuna wa mutane waɗannan layuka biyu, kuma ban ga wanda ya gan su ya ci gaba da neman ƙarin shekaru ba. Idan ruwa ya yi tsada haka, tsawaita wa'adi ba ya sauke kaya, yana ƙara nisan tafiya ne kawai.

Akwai kuma wani layi da ke ɓuya a tsakiyar takardar tayi, wanda ke cewa banki na da ikon sauya kuɗin ruwa gwargwadon yanayin kasuwa. A farkon 2022 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Najeriya yana kashi 11.5. Zuwa Nuwamba 2024 ya kai kashi 27.5. Masu bashi mai sauyawa sun ji wannan a jikinsu. Wanda ya fara da kashi 20 a kan miliyan 10 na shekara 15 yana biyan Naira 175,630, idan bayan shekara guda aka mayar da shi kashi 24, biyansa zai koma kusan dubu 205, alhali albashinsa yana nan inda yake. Don haka ka tambaya da bakinka: ruwan nan tsayayye ne ko mai sauyawa? Kuma a nuna maka amsar a rubuce.

Ka kuma tambayi a kan me ake lissafa shi. Wasu masu sayar da gidaje kashi-kashi suna ɗora ruwan a kan dukkan kuɗin farko har zuwa ƙarshe, kamar ba ka taɓa biyan ko kwabo ba. Da irin wannan lissafi, kashi 6 a kan miliyan 10 na shekara 15 yana ba da jimillar miliyan 19, ba 15.2 ba. Dukansu "kashi 6" za a ce maka.

Gaskiya ba ta cika idan ban faɗi ɗaya ɓangaren ba. Miliyan 21.6 da aka baza cikin shekara 30 ba daidai take da miliyan 21.6 ta yau ba. Mafi ƙarancin albashi a Najeriya Naira 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya zama 70,000 a 2024. Wanda biyansa tsayayye ne, nauyin dubu 60 yana raguwa a kafaɗarsa yayin da darajar Naira ke zaizayewa, maƙwabcinsa ɗan haya kuwa duk shekara mai gida na ƙara masa. Shi ya sa ba na tsorata mutane da jimilla don su gudu. Amma wannan sassauci na mai tsayayyen ruwa ne wanda kuma samunsa ke ƙaruwa. Mai ruwa mai sauyawa ba ya cin moriyarsa, domin hauhawar farashi ita ce ke sa a ƙara masa.

Na san da yawa daga cikin masu karanta wannan, kalmar kuɗin ruwa kaɗai ta isa su rufe maganar, saboda riba. Hukunci na malamai ne, a wurinsu ake nemansa. Abin da zan ce daga ɓangaren sana'ata shi ne, tun da bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJBank ya biyo a 2019, Lotus a 2021, hanyar mallakar gida ba tare da ruwa ba ta samu. Sai dai rashin ruwa ba ya nufin rashin lissafi. Idan murabaha ce, banki ya sayi gidan ya sayar maka da ribar da aka yanke, to nawa ne cikakken farashin, kuma idan ka gama biya da wuri za a yi maka rangwame ko kuwa farashin yana nan? Idan ijara ce ko tarayyar da kason banki ke raguwa, to kuɗin hayar tsayayye ne, ko ana sake duba shi lokaci-lokaci, kuma da wane ma'auni? Na ga masu natsuwa da sunan kwangila har su manta su nemi jadawali. Natsuwar zuciya abu ne mai daraja, ita ma tana buƙatar alƙalami da takarda.

Duk wannan maganar bashin ce kawai. Kafin a ba ka shi akwai kafin alƙalami, wanda kan kama daga kashi 10 zuwa 30 na kuɗin gidan. Akwai kuɗin mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da na binciken takardu a ma'aikatar filaye. Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta sa ba a jinginar da fili mai takardar mallaka sai da amincewar gwamna, kuma neman amincewar da rajistar jingina da harajin hatimi duk daga aljihunka suke fita. Sannan inshorar gobara da ta rai, ko takaful, kowace shekara. Bayan an tare kuma sai gidan ya fara nasa buƙatun: katanga, rijiyar burtsatse, rufin da ya fara yoyo a damina ta uku, kuɗin ƙasa, kuɗin tsaro da shara idan rukunin gidaje ne. Ɗan haya yana kiran mai gida idan famfo ya fashe. Mai bashin gida shi ne mai gidan.

Tun Satumba 2022 hukumar fansho, PenCom, ta ba da damar a ɗauki har kashi 25 cikin 100 na ajiyar fansho a yi kafin alƙalami da shi. Ya buɗe wa mutane ƙofa, amma ina roƙon duk wanda zai bi ta ya tuna daga ina kuɗin ya fito. Guzurin tsufansa ne ya ɗebo. Ya kuma duba ranar ƙarewar bashin ya kwatanta da ranar ritayarsa, ko ta shekara 60 da haihuwa ko ta 35 a bakin aiki, domin biyan da albashi ya ɗauka da ƙyar, fansho ba zai ɗauka ba. Kuma idan biya ya tsaya, takardun gidan suna hannun banki, tara tana hawa kan bashi, kuma doka ta ba shi hanyar sayar da gidan. Wanda ya ga alamar zai gaza, ya zo da wuri a zauna. Mafi munin fayilolin da na riƙe na waɗanda suka daina ɗaga waya ne saboda kunya, har watanni suka taru.

Mutumin nan da na fara da labarinsa ya dawo bayan mako biyu, da jadawalin a hannunsa, ya ja layi da biro a wurare da yawa. Ya ce, "Yallaɓai, idan na ƙara wani abu a kan abin da ake cirewa fa?" Muka fara duba yarjejeniyarsa ko akwai tara a kan biya da wuri, domin wasu suna da ita. Tasa babu. Muka lissafa ƙarin Naira dubu 10 a wata. Da tun farko ya fara, da ya gama a shekara 21 maimakon 30, ya tsira da kusan miliyan 4. Daga inda yake a shekara ta biyar, zai rage kusan shekara bakwai, ya tsira da kimanin miliyan 2.6. Na gaya masa cewa da ruwa mai sauƙi irin nasa, akwai masu ganin gara ya juya dubu goman a wata sana'a. Ya ce ya sani, amma yana so ya sauke nauyin kafin babbar 'yarsa ta shiga jami'a, kuma ba ya son ya bar wa iyalinsa bashi idan ta Allah ta kasance. Na ba shi takarda ya rubuta umarni da hannunsa cewa duk ƙarin da ya turo a zuba shi kai tsaye a uwar kuɗi, kada a ajiye shi a matsayin biyan wata mai zuwa, kuma a ba shi sabon jadawali a ƙarshen kowace shekara. Ya sa hannu, na buga hatimi, na ba shi kwafinsa.