Abin da Ƙwarin Rafi Ke Faɗa Mana

Yawancinmu da ido muke auna ruwa. In ya yi garau, sai mu ce mai kyau ne. Amma guba ba ta da launi. Ƙananan halittun da ke zaune a ƙarƙashin duwatsun rafi sun fi mu sanin halin ruwan, domin a ciki suke kwana suke tashi, wata da watanni.

Yadda za mu duba

Mu sami rariya da farin kwano. Mu sa dogon takalmin roba, domin tsargiya ta fata take shiga. Mu tare rariya a inda ruwa ke gudu, mu ɗaga duwatsun da ke gabanta mu goge su. Sai mu juye abin da ya taru cikin kwano da ɗan ruwa.

Abin da za mu gani

1. Ƙwari masu ƙafa 6 da siraran jela 2 ko 3, da tsutsar da ke gina wa kanta gida da yashi ko tsinke. Waɗannan suna bukatar ruwa mai isasshiyar iska. Ganinsu alama ce mai kyau.

2. 'Ya'yan mazari da ƙaguwa. Suna iya jure 'yar ƙazanta.

3. Jajayen tsutsotsi cikin taɓo da matsattsaku. Suna rayuwa ko da iska ta yi ƙaranci. In su kaɗai muka samu, rafin ba shi da lafiya.

Yawan iri ya fi yawan kai muhimmanci. A Afirka ta Kudu 'yan makaranta suna yin wannan gwaji da tsarin miniSASS, mai rukunin halittu 13.

Me ke korar su?

Bayan gida da kashin dabbobi suna cinye iskar ruwa sa'ad da suke ruɓewa. Wanke tankin feshi a rafi da zuba guba don kama kifi suna kashe su nan take. In sun ƙare, kifi ya rasa abinci, mu kuma mu rasa kifi.

Gargaɗi

Wannan gwaji ba ya nuna ƙwayoyin kwalara ko taifod. Mu ci gaba da tafasa ruwan sha.

Tambayoyi don tattaunawa

Wane irin kifi dattawa suka sani a rafinmu wanda ba a ganinsa yanzu?

In muka gwada sama da ƙauye da kuma ƙasa da shi, wane bambanci muka gani?

Wa zai rubuta sakamakon, rani da damina?