Tsofaffin Hotunan Majigi: Bincike da Neman Izini

Maƙasudin wannan maƙala shi ne bayyana aikin mai binciken tsofaffin hotunan majigi. A ɗauka mai shirya fim yana bukatar hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna cikin 1956. Akwai hoton a taskar kamfanin British Pathé.

Aikin ya kasu kashi uku. Na farko, nemo hoton cikin kundin taskar. Na biyu, tantance shi, domin baƙo ne ya rubuta bayaninsa, yana iya ɗaukar tawagar wannan sarki a matsayin ta wancan. A nan ne ake bukatar manazarcin Hausa. Na uku, neman izini a rubuce: tsawon abin da za a ɗiba, ƙasashen da za a nuna shi, da wa'adin izinin, sannan a biya.

A 2014 kamfanin ya zuba finafinai kimanin 85,000 a YouTube, amma kallo daban, izini daban. Abin lura shi ne, kakanninmu ne cikin hoton, haƙƙin mallakarsa kuwa yana hannun wasu. Ya kamata jami'o'inmu su himmatu wajen adana namu.