Sawakin, Mashigar Alhazan Ƙafa

Daga nan Al-Garrafa, cikin 'yan sa'o'i jirgin sama yake kai mu Jidda. Kakanninmu kuwa sukan shafe shekaru a ƙafa kafin su isa Sawakin, ɗan tsibiri a gaɓar Bahar Maliya ta Sudan, su shiga jirgin ruwa.

Da yake ni injiniya ne, mashigarta ce ta fi jan hankalina. Siririya ce, duwatsun murjani sun takure ta, ba ta ɗaukar manyan jiragen zamani. Saboda haka Turawan Ingila suka buɗe Fot Sudan a 1909. Fatake suka ƙaura, aka daina yi wa gidajen murjanin yaɓe, gishiri da danshi suka cinye su. Har yau dai fasinjoji na ƙetarawa Jidda daga can.