Tattasai Da Niƙaƙƙen Nama

Tattasai da barkono da attarugu duk 'yan gida ɗaya ne, amma halinsu ya bambanta. Barkono da attarugu suna da yaji ƙwarai, wanda ya tauna su sai ya nemi ruwa. Shi kuwa babban tattasai, wanda ƙirarsa ta yi kama da ƙararrawa, ba shi da yaji ko kaɗan, ko ƙaramin yaro yana iya cinsa. Akwai kore, akwai ja, akwai rawaya. Koren shi ne wanda bai nuna ba tukuna, in an bar shi a jikin uwarsa sai ya nuna ya ƙara zaƙi.

Asalin waɗannan tsire-tsire daga nahiyar Amurka ne, wajen ƙasar Meziko da ƙasashen da ke kudu da ita. Mutanen can sun yi dubban shekaru suna nomansu kafin sauran duniya ta san da su. A shekarar 1492 wani matuƙin jirgin ruwa mai suna Kolumbus ya isa tsibiran wannan nahiya, da ya komo ƙasar Sifen a 1493 ya zo da barkono. Daga baya fataken Fotugal suka yaɗa irin zuwa gaɓar Afirka da Asiya. Yau ga shi ana noman tattasai a fadamun ƙasar Hausa da rani, ana kuma nomansa da yawa a jihar Diffa ta Nijar, a gaɓar kogin Komadugu Yobe.

Tattasai yana da amfani ga jiki. A cikinsa akwai wani sinadari da ake kira bitamin C, wanda yake ƙarfafa dasashi, yana kuma taimakon rauni ya warke. In an auna jan tattasai da lemon zaƙi nauyi ɗaya, tattasan ya fi lemon yawan wannan sinadari. Wani masani na ƙasar Hangari, Albert Szent-Györgyi, daga jan tattasan ƙasarsu ya tace bitamin C mai yawa, aka ba shi kyautar Nobel a 1937. Nama kuwa shi ke gina jiki, yana kuma ƙara jini.

Mutanen Amurka suna da wani abincin dare da suke haɗa waɗannan abubuwa biyu a ciki. Suna kiransa kasarol. Kalmar ta Faransanci ce, asalinta sunan tukunya ne. Sauƙinsa shi ne, da naman da shinkafar da kayan miyan duk a mazubi ɗaya suke dahuwa. Kayan haɗinsa kuwa babu wanda ba a samu a kasuwanninmu.

Don mutum huɗu ko biyar, ana bukatar naman shanu rabin kilo, da manyan tattasai 4, da tumatir 5, da albasa babba 1, da shinkafa kofi 1, da ruwa kofi 2, da man gyaɗa cokali 2, da tafarnuwa, da masoro, da gishiri. Naman akan niƙa shi a inji. In babu inji, sai a yanka shi ƙanana, a daka a turmi mai tsabta.

Da fari mai dahuwa za ta wanke hannuwanta da sabulu. Sa'an nan ta wanke tattasan, ta tsaga, ta cire 'ya'yan, ta yayyanka shi tare da albasa da tumatir. Sai ta ɗora tukunya, ta zuba mai, ta soya albasa da tafarnuwa har su yi laushi. Daga nan ta zuba naman, tana juyawa tana farfasa shi da cokali don kada ya dunƙule, har jansa ya ɓace sarai. Sai ta kawo tattasai da tumatir da gishiri da masoro ta zuba, ta bar su kamar minti biyar. A ƙarshe ta wanke shinkafa ta zuba, ta ƙara ruwan, ta gauraya, ta rufe da murfin da ba ya barin tururi ya fita.

Masu tanderun lantarki ko na gas sukan sa tukunyar a ciki, a zafin digiri 180, kamar minti hamsin. Turawa sukan barbaɗa cuku a sama in ya kusa nuna. Wadda ba ta da tanderu sai ta sami tukunyar ƙarfe mai kauri, ta sa garwashi kaɗan a ƙarƙashi, ta ɗora wani a kan murfin, zafi ya riƙa zuwa ta sama da ta ƙasa. Kada ta yawaita buɗewa, domin tururin ne ke dafa shinkafar. In ruwan ya tsotse, shinkafa ta yi laushi, to, abinci ya nuna.

Akwai abu ɗaya da ya wajaba a kiyaye. Ɗanyen nama yakan ɗauki waɗansu ƙwayoyin cuta da ido ba ya gani, masu kawo ciwon ciki da gudawa. A tsokar nama, a bayanta suka fi zama, wuta kuwa tana fara kashe su. Amma in an niƙa naman, na baya ya koma ciki, ƙwayoyin sun bazu ko'ina. Saboda haka niƙaƙƙen nama ba a cinsa sai ya dahu har tsakiya. Masana lafiya sun ce zafin cikinsa ya kai digiri 71. Wuƙa da faranti da turmin da ɗanyen nama ya taɓa, a wanke su da sabulu kafin su taɓa wani abinci. Abin da ya rage kuma kada a bar shi a ajiye fiye da awa biyu, in lokacin zafi ne awa ɗaya, sai dai a sa shi a firiji. Rigakafi ya fi magani.

Yara ma suna da nasu aikin a wannan dahuwa. Su ne za su wanke tattasai, su cire 'ya'yansa, su tsince shinkafa, su kawo ruwa. Wuƙa da wuta kuwa na manya ne, sai yaro ya girma an koya masa.

Tambayoyi

1. Mene ne bambancin tattasai da attarugu?
2. Daga wace nahiya tattasai ya fito?
3. Yaya wadda ba ta da tanderu za ta gasa wannan abinci?
4. Me ya sa niƙaƙƙen nama yake bukatar dahuwa sosai?